Task da Tax Uwa Ɗaya Uba Ɗaya: Darasin Fassara Daga Gonakin Jazira

Gabatarwa

Ɗalibin da ke koyon fassara daga Ingilishi zuwa Hausa yakan ci karo da kalmar task tun a makon farko, kuma galibi ba ya ko tsayawa a kanta. Yakan rubuta "aiki" ya wuce, ƙamus ma ba zai ƙaryata shi ba. Sai dai "aiki" riga ce mai faɗi. Manomin da ya yi sammako zuwa gonarsa aiki yake yi. Ɗan ƙwadagon da aka yanka wa kunya ashirin shi ma aiki yake yi, haka nan talakan da dogarai suka koro daga ƙauyensa don gyaran hanya. Ita kuwa task ba ta rungumi dukkansu ba. Ra'ayin wannan maƙala shi ne, fassara ta da "aiki" kurum a kowane muhalli ragwanci ne, domin yana ɓoye abin da kalmar ta ɗauko tun daga tushenta, wato cewa akwai wanda ya auna aikin ya ɗora wa wani. Gonakin auduga na Jazira a ƙasar Sudan, inda Hausawa suka shafe kusan ƙarni guda suna yin aikin da wasu suka auna, sun isa su nuna cewa maganar ta wuce wasan kalmomi.

Asalin kalmar

Masana tarihin harshen Ingilishi sun haɗu a kan cewa task ta shigo harshen ne wajen shekarar 1300, daga Faransancin arewa, irin wanda Normawa suka ƙetara da shi Ingila bayan sun ci ƙasar da yaƙi a 1066. A bakinsu tasque ce, a Faransancin yau kuma ta zama tâche. Tushenta shi ne tasca ta Latin ɗin tsakiyar zamani, wadda juyi ce ta taxa, daga aikatau taxare, ma'ana a ƙiyasta abu, a sa masa ƙima, a yanka wa mutum abin da zai biya. Daga wannan taxare ɗin ne Ingilishi ya samo tax, wato haraji. Ke nan task da tax uwa ɗaya uba ɗaya suke. Abin da ya raba kamanninsu shi ne musayar gurbi tsakanin sautin k da na s, irin wadda ɗaliban tsarin sauti suka sani a hawainiya da wahainiya, ko bagaruwa da gabaruwa. Hatta motar taksi dangin gidan ce, domin sunanta ya fito ne daga na'urar da ke ƙiyasta kuɗin tafiya. Amma kada kamar sauti ta ruɗi kowa game da "taska" ta Hausa, wadda ake ajiye dukiya a cikinta. Wannan gidanta daban ne.

Ma'anar farko da task ta ɗauka a Ingilishi ita ce abin da talaka yake biya ga sarki ko ubangidan ƙasa. A Turai ta wancan zamani ana biyan wannan hakki da kuɗi, ko da amfanin gona, ko da kwanakin aiki a gonar ubangida, don haka ba wuya ma'anar ta gangaro daga kuɗin da aka yanka zuwa aikin da aka yanka. Wannan ƙamshi bai bar kalmar ba har ƙarnoni bayan haka. Fassarar Littafi Mai Tsarki ta Ingilishi ta 1611 ta kira shugabannin da Fir'auna ya naɗa a kan Banu Isra'ila masu yin tubali da ƙidaya da sunan taskmasters. A gonakin shinkafa na Carolina ta Kudu da Jojiya a Amurka kuwa, tsarin bautar da aka bi sunansa ke nan: ana auna wa bawa fili, sau da yawa kwatan eka a rana, idan ya gama sauran yinin nasa ne ya noma abin da zai ci.

Abin da Hausa ta tanada

Bahaushe bai jira Bature ya koya masa rarrabe aiki ba. Yana da gandu, inda magidanci yake raba wa 'ya'ya da ƙanne aikin gonar gida, yana da gayauna, wadda mutum yake nomawa don kansa idan ya tashi daga gandu. Yana da gayya, inda maƙwabta suke taruwa a gonar ɗayansu da kiɗa da fura, ba lada sai ramuwa ranar da tasu ta zo. Yana da ƙwadago, wanda ake biya bisa yini ko rabin yini. Yana da jinga, inda mai gona da mai fartanya suke tsayawa a bakin gona su dubi faɗinta su yi ciniki, ko an gama yau ko an gama jibi kuɗin ɗaya ne. A zamanin bauta akwai murgu, kuɗin da bawa yake biyan ubangijinsa don a bar shi ya yi sana'ar kansa, wato aiki ne ya koma haraji ƙiri-ƙiri. Da Turawa suka zo sai aka sami aikin tilas na hanya da layin dogo, har zuwa ɗiban gwamna na shekarun 1942 zuwa 1944, lokacin da aka riƙa kwasar mutane daga lardunan Arewa zuwa haƙar kuza a Jos.

Hausa ta aro lebura da kwangila da lamba daga Ingilishi, amma ba ta aro task ba, ga alama saboda ba ta da gurbin da za ta sa ta. Abin sha'awa ma shi ne, zumuncin nan na tax da task yana nan a cikin Hausa ta wata ƙofa. Aikatau ɗaya Bahaushe yake amfani da shi ga duka biyun: an yanka masa haraji, an yanka masa aiki. Haka kuma an ɗora masa haraji, an ɗora masa aiki. Harsuna biyu da ba su haɗa kaka ba sun isa ga fahimta guda, cewa aikin da wani ya auna wa mutum ɗan'uwan kuɗin da wani ya auna masa ne.

Jazira, ƙasar da aka auna da igiya

Jazira ita ce shimfiɗaɗɗiyar ƙasar laka da ke tsakanin Shuɗin Nilu da Farin Nilu, kudu da Khartum. Garin Kamlin yana arewacinta, a gaɓar yamma ta Shuɗin Nilu, kan hanyar Wad Madani. Tun a shekarun 1840, zamanin mulkin Turkawa da Misirawa, an kafa masana'antun baba da sabulu a garin, don haka aikin da hukuma ke tsarawa ba baƙo ba ne a wurin. Amma abin da ya sauya fuskar yankin baki ɗaya shi ne madatsar ruwa ta Sinnar, wadda aka kammala a 1925. Da ita aka buɗe Shirin Noman Jazira da fili kimanin fadan 300,000, a ƙarƙashin wani kamfanin Ingila mai suna Sudan Plantations Syndicate, don samar wa masaƙun Lankasha auduga mai dogon zare. Fadan ɗaya murabba'in mita 4,200 ne, ya ɗara eka kaɗan. A 1950 gwamnati ta karɓi ragamar shirin ta hannun Hukumar Jazira mai hedikwata a Barakat, sannan ƙarin Manakil da aka yi daga ƙarshen shekarun 1950 ya kai faɗinsa sama da fadan miliyan 2.

A Jazira komai da awo yake. An yanka ƙasa fili-fili, kowanne fadan 90, ana kiransa nimra, wato lamba. Kwatar da ke shayar da nimra sunanta Abu Ishirin, ƙaramar da ke shiga gonar mutum ɗaya kuma Abu Sitta. Gonar da aka ba manomi haya sunanta hawasha. A tsarin farko kowane manomi yana da fadan 30, kuma wajibi ne 10 daga ciki su zama auduga. Ranar shuka, ranar ban ruwa, ranar cire ciyawa, duk mufattishi ne yake faɗa, wato jami'in duba gona, wanda a farkon zamani Bature ne. Idan manomi ya yi sakaci ana iya sa wasu su yi aikin a cire daga asusunsa, idan ya ci gaba a karɓe hawashar. Kuɗin audugar kuma an raba shi tun kafin a shuka: kashi 40 cikin 100 na manomi, 35 na gwamnati, 25 na kamfani, daga baya aka mayar da shi 40 da 40 da 20.

Takardun shirin sun kira wannan tsari haɗin gwiwa, kuma akwai gaskiya a ciki, domin manomin Jazira ya sami ruwa da kuɗin shiga da maƙwabcinsa mai jiran damina bai samu ba. Arthur Gaitskell, wanda ya shugabanci hukumar, ya rubuta littafi a 1959 yana gabatar da shirin a matsayin labarin ci gaba. Tony Barnett kuwa, a nasa littafin na 1977, ya kira ci gaban da ruɗi, yana ganin mai hawasha ya fi kama da ma'aikacin masana'anta da aka lulluɓe da rigar manomi. Duk ɓangaren da mai karatu ya karkata, abu ɗaya ba ya musuwa: noman fadan 10 na auduga a ranar da wani ya zaɓa, bisa ƙa'idar da wani ya gindaya, task ne a ma'anarsa ta asali. Manoman da kansu sun fahimci haka, shi ya sa suka yi yajin aiki a 1946 a kan kuɗin ajiyar da ake cirewa daga rabonsu.

Wa ya yi aikin?

Wannan rabo na kashi uku bai ambaci mutum na huɗu ba, alhali da hannunsa aka tsinci audugar. Gidan manomi ɗaya ba zai iya ciyawa da tsinkar fadan 10 ba, don haka dole ya ɗauki 'yan ƙwadago, ya biya su daga nasa kason. Da yawa daga cikinsu mutanen yamma ne: 'yan Darfur da Chadi, da Hausawa da Fulani da Barebari waɗanda mutanen Sudan suke haɗawa su kira Fallata ko Takari. Wasu alhazai ne da suka tsaya neman guzuri a hanyar Makka, tsayuwar shekara ta zama ta rayuwa. Wasu kuma zuriyar masu hijira ne da suka bi Muhammadu Bello Mai Wurno bayan an kashe mahaifinsa, Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya, a Burmi a 1903, suka kafa garin Mai Wurno a gaɓar Shuɗin Nilu kusa da Sinnar. Bawa Yamba ya yi nazarin ƙauyukan Hausawan Jazira a littafinsa na 1995, inda ya nuna yadda jikokin da aka haifa a can suke ci gaba da ɗaukar kansu matafiya a kan hanyar hajji.

Aikin da ya faɗo musu shi ne yankakke a cikin yankakke. Tsinkar auduga da awo ake biyan ta, ana cika kwandon da ake kira guffa a kai ma'auni, audugar da ba a gurza ba kuma ana lissafa ta da kantar mai ratal 315. Ciyawa da mukawala ake yin ta, wadda ita ce jinga a bakin Larabawa, ko da yaumiyya, wato ƙwadagon yini. Bayan cututtukan auduga sun yi ɓarna a ƙarshen shekarun 1920 da farkon 1930, an wajabta tumɓuke karan auduga daga saiwa a ƙone bayan girbi, aikin da yake faɗowa a tsakiyar zafin bazara, kuma mutanen yamma sun yi suna wajen yin sa. A shekarun karayar tattalin arzikin duniya, da farashin auduga ya faɗi manoma da dama suka watsar da hawashoshinsu, wasu 'yan yamma sun karɓa sun riƙe. Da kasuwa ta farfaɗo sai ƙofar ta ƙuntata. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 ta shardanta cewa mutum ko kakanninsa na wajen uba su kasance mazauna Sudan tun ƙarshen 1897, sharaɗin da ya bar ko mutanen da suka iso bayan Burmi a waje, duk da cewa an sassauta shi daga baya. Abin da ya rage wa mafi yawansu shi ne ƙwadago da noman raba-daidai na gyaɗa da dawa a gonar wani.

Akwai wata kalmar Ingilishi da ta zauna daram a Jazira, ita ce kambo, jam'inta kanabi, daga kalmar da ke nufin sansani. Haka ake kiran matsugunan 'yan ƙwadago da ke gefen kwatoci. Sansani wuri ne na wucin gadi, amma akwai kanabin da aka haifi kaka da jika a cikinsu, ba tare da takardar mallakar filin da suka gina ɗaki a kai ba, makaranta da asibiti da ruwan sha kuma suna zuwa musu a makare. Hausawa suna da nasu tsofaffin ƙauyuka da unguwanni ƙarƙashin shehunansu, wasu kuma suna cikin kanabin tare da sauran mutanen yamma. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Mai fassarar da ya karanta rahoto a kan Jazira ya mayar da aikin mufattishi da na mai hawasha da na mai tsinka duk "aiki", ya share wannan tsani mai hawa uku daga idon mai karatun Hausa, alhali tsanin shi ne labarin.

Hanzarin masu ja

Mai ja zai iya cewa asalin kalma ba shi ne ma'anarta ba, kuma yana da gaskiya. Baturen da ya ce yana da task uku kafin azahar ba ya tunanin haraji ko Fir'auna, kamar yadda Bahaushen da ya ce gandun daji ba ya tunanin magidanci da ƙannensa. Kalmomi suna tafiya su bar gida, wanda kuma ya dage sai ya mayar da kowace kalma ga kakanta zai ƙare yana magana da kansa. Yau kwamfuta ma tana da nata task, uwar gida tana rubuta nata a takarda ta manna a bango.

Amsar ita ce, tarihin kalma ba hukunci yake yankewa ba, haske yake ƙarawa a kan abin da kunne ya riga ya ji. Har gobe Ingilishi ba ya kiran yawon shan iska ko hira da task. Kalmar tana buƙatar iyaka, wato farko da ƙarshe, tana kuma buƙatar wanda ya ɗora, ko da mutum ne ya ɗora wa kansa. Har gobe idan an ce an kai mutum ga task, ana nufin an tuhume shi a kan abin da bai sauke ba. Waɗannan siffofi biyu, awo da ɗorawa, su ne gadon taxare, kuma su ne "aiki" ba ta ɗauke da su ita kaɗai.

Saboda haka abin da ya kamaci mai fassara shi ne ya yi wa muhallin tambaya kafin ya zaɓi kalma: wa ya auna aikin, kuma an yi ciniki ko ba a yi ba? Idan an yi ciniki an amince, jinga ce, kuma malaman sassan Hausa na jami'o'i sun yi dace da suka zaɓi wannan kalma ga aikin da ake ba ɗalibi ya yi a gida, tun da ɗalibin da ƙafarsa ya zo ya yi rajista. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Idan na sama ne ya auna ba tare da shawara ba, yankakken aiki ne, ko aikin da aka ɗora. Idan akwai bulala ko tara a bayansa, aikin tilas ne, wanda Larabcin Sudan yake kira sukhra. Idan nauyi ne na amana, kamar na kwamitin da aka kafa don magance wata matsala guda, sai a ce an ɗora masa alhaki. Inda kuwa muhallin bai damu da ko ɗaya daga cikin waɗannan ba, "aiki" ta wadatar, babu laifi. Abin da ake ƙi shi ne a riƙa zaɓen ta don gudun tunani. Haka kuma bai halatta a kira gayya da task ba, ko takwararta ta Sudan da ake kira nafir, domin a can babu mai awo.

Kammalawa

Tsarin da aka gina a 1925 ya daɗe da sassautawa. An soke asusun haɗin gwiwa a farkon shekarun 1980, dokar 2005 kuma ta ba manomi 'yancin shuka abin da ya ga dama. Sai dai wannan 'yanci na mai hawasha ne, mai tsinka yana nan inda yake. Yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023 ya ƙara dagula lamarin. Dakarun RSF sun kama Wad Madani a Disambar shekarar, sojojin gwamnati suka ƙwato ta a Janairun 2025, ƙungiyoyin kare haƙƙin ɗan'adam kuma sun ba da rahoton hare-hare a kan mazauna kanabi bisa zarginsu da goyon bayan ɗaya ɓangaren. Mutanen da aka shekara ɗari ana auna musu aiki ba tare da an auna musu fili ba, su ne suka fi sauƙin kora ranar da ƙura ta tashi.

A nan akwai jinga ta gaske ga masu nazarin Hausa. Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Khartum ya wallafa nazari a 1999 a kan yadda Hausar Sudan take cuɗanya da Larabci, amma kalmomin gona da na ƙwadago da ke bakin tsofaffin Kamlin da Mai Wurno da ƙauyukan Shuɗin Nilu suna buƙatar a tattara su tun masu su suna raye, ga shi yaƙi ya warwatsa da yawa daga cikinsu. Yadda Bahaushen Jazira yake kiran kason da aka yanka masa, da inda ya riƙe jinga da inda ya sake ta ya ɗauki mukawala, shaida ce da ba ta cikin takardun Barakat. Sassan Hausa na Bayero da Ahmadu Bello da Usmanu Ɗanfodiyo suna da ɗaliban da suka iya Larabci, suna kuma neman batun kundi kowace shekara. Kafin a kai ga haka, ɗalibin da ya sake cin karo da task a takardar fassara yana iya ajiye alƙalami na ɗan lokaci ya tambayi kansa wanda ya riƙe igiyar awon.